Ratsi a jikin mota: Laifin fenti ne, ko na mai fenti, ko na mai mota?

Ana saura kwana biyar Ƙaramar Sallah, a shekarar da ta faɗo tsakiyar bazara, wani mai Adaidaita Sahu ya goge min gefen mota a cikin cunkoso, ƙofofi biyu suka loɓa. Na kai ta wani gareji a nan Kano, na ce wa mai fenti abu biyu nake so: a rage min kuɗi, kuma in karɓi motata kafin daren Sallah. Muka yi ta ciniki har ya sallama ba da son ransa ba. Ranar jajibiri bayan magariba na je na karɓe ta a ƙarƙashin ƙwan lantarki, tana ta ƙyalli, na yi godiya na tafi.

Washegari a filin Idi, da hantsi ya dubi ludayi, sai na ga abin da dare ya ɓoye min. Ƙofofin nan biyu masu ruwan azurfa sun yi ratsi-ratsi daga gaba zuwa baya, layi mai haske, layi mai duhu, kamar bayan jakin dawa. Bayan Sallah na koma na nuna wa mai fentin. Ya duba, ya girgiza kai, ya ce, "Wallahi Malam, fentin yanzu ne ba shi da kyau, duk jabu ne." Na yarda a lokacin, domin ban san abin da zan ce ba. Sai daga baya, da na zauna da waɗanda suka daɗe a sana'ar, na kuma karanta takardun bayani da kamfanonin fenti ke fitarwa, na gane cewa gwangwanin fenti shi ne mafi ƙarancin laifi a cikinmu mu uku. Hannun mai fenti ne ya zana ratsin, ni kuwa na ba shi alƙalami.

Na ga ya dace in rubuta wannan domin abin ya zama ruwan dare. Mai karatu ya tsaya a bakin kowane babban titi da rana tsaka ya dubi motoci masu ruwan azurfa, da ruwan toka, da ruwan zinare. Zai ga da yawa ƙofarsu ba ta yi kama da sauran jikinsu ba, wasu bonet ɗinsu ya yi dabbare-dabbare kamar hadari. Kowace ɗaya kuɗi ne aka kashe sau ɗaya za a sake kashewa, kuma sau da yawa zumunci ne ya lalace tsakanin mai mota da mai sana'a.

Abin mamaki shi ne, feshin fenti ne ya raba mota da ratsin buroshi. A farkon zamanin mota da buroshi ake shafa mata fenti, shafi bisa shafi, a jira makonni kafin ya bushe, sannan a yi ta gugar sawun buroshin. A shekarar 1907 Thomas DeVilbiss a Amurka ya mayar da na'urar fesa maganin maƙogwaro da mahaifinsa likita ya ƙera ta zama bindigar fesa fenti. A 1924 kuma kamfanin General Motors ya fito da motar Oakland da fentin Duco na kamfanin DuPont, wanda ake fesawa ya bushe cikin sa'o'i. Ke nan sama da shekara ɗari da samun kayan aikin da ke kawar da ratsi. In har yanzu yana fitowa, sai a nemi dalili a wajen mai riƙe da kayan aikin.

Yadda ratsi ke samuwa

Fentin motar zamani hawa-hawa ne. Akwai na ƙasa da ke kama ƙarfe ya hana tsatsa, wanda masu sana'a ke kira firaima. A kansa ake fesa launi. A kan launi kuma ake fesa kiliya, wato ruwan nan garai-garai mai ba da sheƙi da kariya daga rana. Duka hawan nan in an haɗa su, a motar da ta fito daga kamfani, kaurinsu kimanin kashi ɗaya cikin goma na milimita ne, kusan kaurin silin gashi. Hawan launi kuwa ƙaramin kaso ne daga cikin wannan. A cikin siririn abu haka, ƙarin da ido ba zai gani ba lokacin feshi yana iya sauya kamannin mota.

Fari da baƙi da ja zalla suna da haƙuri, suna rufa wa mai fenti asiri. Launukan da ake kira metalik su ne ba sa yafiya. A cikinsu akwai ƙananan ɓarɓashin alminiyum, faffaɗa kamar ƙananan madubai. Idan suka kwanta bai ɗaya a duk faɗin ƙofa, haske zai dawo wa ido bai ɗaya. Inda fenti ya sauka da yawa ya jiƙe, ɓarɓashin kan nutse su karkace, wurin ya yi duhu. Inda ya sauka kaɗan, kusan a bushe, sai su tsaya a sama, wurin ya yi haske. Ratsi shi ne jiƙaƙƙen layi kusa da busasshen layi. Duk wanda ya riƙe wannan bayani ya riƙe rabin maganin, domin sauran dalilan da zan kawo duk hanyoyi ne da ke sa wani wuri ya fi wani jiƙa.

Hannu

Bindigar feshi tana fitar da fenti ne a shimfiɗe kamar mafici, tsakiya ta fi kauri, gefe biyu sun fi sirantaka. Saboda haka kowane zuwa na hannu dole ya hau kan rabin wanda ya gabace shi, domin siririn gefen wannan ya haɗu da kaurin tsakiyar wancan. A launin metalik ƙwararru kan hau har kashi biyu cikin uku, ko uku cikin huɗu. Wanda ke tsimin fenti sai ya ware layukan, gefe ya haɗu da gefe kawai, sai a samu siririn wuri tsakanin kowane layi biyu. Wannan shi ne ainihin abin da ya sami motata. Fentin da kuɗina ya saya bai isa ƙofa biyu ba, aka ja shi ya isa.

Sai tazara. Bakin bindiga ya kamata ya tsaya kimanin santimita 15 zuwa 20 daga jikin mota, kusan taƙi ɗaya, kuma ya fuskance shi kai-tsaye daga farkon layi har ƙarshensa. Kuskuren da ya fi yawa shi ne mutum ya tsaya wuri ɗaya yana juya wuyan hannu kamar mai yayyafa ruwa. In an yi haka, bindiga kan matso a tsakiya ta yi nisa a gefe biyu, tsakiya ta jiƙe, gefe ya bushe. Mai fenti na ƙwarai da ƙafarsa yake tafiya, kafaɗa da gwiwar hannu su bi ƙofar, wuyan hannu a kafe. A kan bonet da rufi matsalar ta fi tsanani, domin in hannu ya gaji ko ya kasa kaiwa tsakiya, sai bindiga ta karkace, gefe ɗaya na maficin ya fi ɗaya kusa da ƙarfe. Shi ya sa ratsin bonet ya fi kowane fitowa fili. Maganinsa benci ne da za a taka, da zagayawa ɗaya gefen maimakon miƙa hannu.

Saurin hannu ma dole ya zama ɗaya. A fara tafiya kafin a ja kunamar bindiga, a sake ta bayan an wuce ƙarshen ƙofa. Wanda ya ja kunama hannunsa na tsaye, ya tara fenti a wuri ɗaya, ko dai ya yi duhu ko ya zubo kamar hawaye.

Bindiga da iska

Ko hannu ya ƙware, bindiga mai datti za ta ba shi kunya. A murfin bakinta akwai ƙananan huda da iska ke fita ta cikinsu ta shimfiɗa fentin. In huda ɗaya ta toshe da busasshen fenti, maficin sai ya lanƙwashe kamar jinjirin wata, gefe ɗaya ya yi nauyi. In iska ta yi yawa, ya rabu biyu, sama da ƙasa kauri, tsakiya fayau. In ta yi kaɗan, fentin ya taru a tsakiya ya fita da gudaji. Kowanne daga cikin ukun nan ratsi ne tun kafin a taɓa mota. Gane su ba ya cin ko kwabo: a manna kwali ko takarda a bango, a fesa sau ɗaya na ɗan lokaci, a duba siffar da ta fito. In ba doguwa ba ce mai kauri ɗaya daga sama zuwa ƙasa, a tsaya a gyara. Kuma kada a soka waya ko allura a cikin hudar nan, domin ƙarfen mai taushi ne, in ya buɗe ya buɗe ke nan. Tina da buroshi mai laushi sun isa.

Girman bakin bindiga ma yana da ƙa'ida. Na launi da kiliya yawanci milimita 1.3 ne ko 1.4, na firaima mai kauri kuwa 1.7 zuwa sama. A garejoji da yawa bindiga ɗaya ce ke yin komai, da safe firaima, da yamma launi. Faffaɗan baki zai kwararo launin metalik fiye da kima, ɓarɓashi su yi ta iyo.

Yawancin bindigogin zamani suna son iska mai ƙarfin kimanin ba 2 a mashigarsu, kuma suna shan iska da yawa, ɗaruruwan lita a minti ɗaya. Ƙaramar kwamfuresa irin ta masu faci ba za ta iya ba. Za a fara ƙofa da cikakkiyar iska, kafin a kai ƙasa tanki ya sauka, saman ƙofa da ƙasanta su zama launi biyu. Ga kuma ɗaukewar wuta ana tsakiyar aiki, wanda kowa ya san halinmu da shi. Ƙaramin agogon auna iska da ake ɗaurawa a gindin bindiga shi ke gaya wa mai fenti gaskiya. Haka nan iskar da aka matse tana tara ruwa a cikin tanki, musamman da damina. In ba a zubar da shi kullum ba, kuma babu matatar ruwa da mai a kan tiyo, sai ya fito tare da fentin ya bar tabo.

Tina da yanayinmu

A nan ne aikin fenti a Arewa ya bambanta da na ƙasashen da ake haɗa shi. Kamfanonin fenti suna rubuta ƙa'idojinsu ne bisa zafin kimanin digiri 20. A Kano da Sakkwato da Maiduguri, cikin Afrilu, zafi kan haura 40 a inuwa, ƙarfen motar da ya sha rana kuwa ya fi haka nesa. Tina, wato ruwan da ake tsinka fenti da shi, iri uku ce: mai saurin bushewa domin sanyi, matsakaiciya, da mai jinkiri domin zafi. Idan aka yi amfani da mai sauri a bazara, fenti kan fara bushewa a iska kafin ya isa jikin mota. Layin farko ya riga ya kafe kafin na biyu ya zo, ba za su narke su haɗe ba, ɓarɓashi su sandare a yadda suka faɗo. Idan kuma tina ta yi yawa, ko an yi amfani da mai jinkiri da sanyin safiyar hunturu, fentin zai daɗe a jiƙe, ɓarɓashi su tattaru gungu-gungu, a samu dabbare-dabbare.

Mafi muni shi ne tsinka fenti da fetur, ko da wata tina maras suna da ake aunawa a gorar ruwa. Fetur ba a yi shi domin wannan ba. Ba ya narkar da fentin yadda ya kamata, ba ya bushewa da tsari, kuma yana barin maiƙo. Abin da aka rage a kuɗin tina, ninkinsa za a biya a sake aiki.

Kowane lokaci na shekara da irin tarkonsa. Bazara ta zo da zafi, sai a yi feshi da sassafe, a inuwa, bayan an tabbatar jikin motar ya huce. Hunturu ya zo da ƙura da iska mai kaɗa maficin fenti, sai a nemi rufaffen wuri, a yayyafa wa ƙasa ruwa domin ƙura ta kwanta. Damina ta zo da laima, wadda kan sa fenti ya yi hazo fari-fari in tina mai sauri ta sanyaya shi. Wanda ke feshi a ƙarƙashin bishiyar darbejiya duk shekara da haɗi iri ɗaya, sa'a yake nema.

Akwai kuma haɗin kansa. Ɓarɓashin alminiyum suna da nauyi, suna kwanciya a gindin gwangwani da na kofin bindiga. In ba a motsa sosai ba, ba a kuma tace ba, abin da ya fara fita da abin da ya biyo baya ba launi ɗaya ba ne. A auna da kofin awo bisa abin da kamfani ya rubuta, a daina awon ido. A haɗa abin da zai isa aikin gaba ɗaya a lokaci ɗaya. Sannan a ba kowane shafi minti 5 zuwa 10, ko yadda takardar fentin ta ce, har sheƙin jiƙa ya dushe, kafin a ɗora wani. Wannan jiran shi ne abu na farko da ake yankewa idan mai mota yana tsaye yana duba agogo.

Abin da ke ƙarƙashi

Wani ratsin tun kafin a buɗe gwangwanin launi aka shuka shi. Samfefa tana da lambobi, ƙaramar lamba mai kaushi, babba mai laushi. Ana sassaƙa fila da lamba 80, a bi da 180, a gyara firaima da 320 ko 400, a ƙarasa da 600 zuwa 800 kafin launin metalik. Duk wanda ya tsallake mataki ya bar ƙananan kwaruruka, ɓarɓashi kuwa za su jeru a cikinsu su nuna kowane karce. Haka kuma idan ƙofa ta zama wani wuri firaima mai toka, wani wuri tsohon fenti, wani wuri fila, siririn launi ba zai rufe bambancin ba. Sai an mayar da ƙasan launi ɗaya, an goge maiƙo da ƙura, sannan a hau. Juma'ar da za ta yi kyau, tun daga Laraba ake gane ta.

Dama ta ƙarshe

Akwai ɗan lokaci tsakanin gama launi da fesa kiliya wanda shi ne mafi daraja a duk aikin. A lokacin ratsi yana gyaruwa cikin minti kaɗan. A haska fitila mai ƙarfi daga gefe, a duba daga gaba da baya, a tsaye da tsugune. In an ga alama, sai a ja baya kaɗan zuwa kimanin santimita 25 ko 30, a ɗan rage iska, a yi wani siririn feshi kamar raɓa a duk faɗin wurin, wasu kan gicciya shi a kan layukan farko. Wannan kan daidaita kwanciyar ɓarɓashin. In gyaran ƙofa ɗaya ne, a bar launin ya ɗan shiga maƙwabtanta yana sirancewa, domin ido ya kasa gane inda sabo ya tsaya. Lambar launin motar kuwa tana nan a ƙaramin allon da kamfani ya manna, yawanci a jikin ginshiƙin ƙofa ko ƙarƙashin bonet, ita ya kamata a kai wa mai haɗa fenti.

Da zarar an fesa kiliya, an rufe ƙofar gyara. Ratsin yana ƙarƙashinta, kamar hoto a bayan gilashi. Duk wanda ya ce maka zai fitar da shi da man goge mota, kuɗinka kawai zai ci. Babu mafita sai a kankare a sake.

Rabon mai mota

Na ce ni na ba mai fenti alƙalami, kuma ina nufin haka. Na matse kuɗi har sai da ya zaɓi tsakanin ribarsa da ingancin aikina. Na matse lokaci har jiran da ke tsakanin shafi da shafi ya zama asara a gare shi. Na kuma karɓi mota da dare. Hausawa sun ce araha ba ta ado, sun kuma ce sauri ya haifi nawa, ni na haɗa duka biyun a aiki ɗaya. Wannan bai wanke shi ba. Mai sana'a na gari yakan ce, "Alhaji, a wannan kuɗi da wannan lokaci aikin ba zai yi kyau ba," ko da cinikin zai kuɓuce masa. Karɓar aikin da ka san ba za ka iya kyautatawa ba, sannan ka ɗora wa gwangwani laifi, algus ne, addini kuma ya hana shi.

Asarar ba ta tsaya ga kyan gani ba. Ranar da za ka sayar da motar, dillali zai zagaya ta sau ɗaya ya tsaya a kan ƙofar nan. A idon mai saye, fenti mai ratsi alamar babban haɗari ne da ake ɓoyewa, ko da gogar Adaidaita Sahu ce kawai. Abin da za a zabge maka ya fi abin da ka rage wa mai fenti.

Saboda haka kafin ka bar motarka, nemi ganin wata mai launin metalik da ya gama, a rana. Tambaye shi irin tinar da zai yi amfani da ita, da inda zai yi feshin. Ku rubuta adadin kayan da za a saya, kuɗin hannu daban. Ba shi kwanakin da ya nema. Kada ka karɓa sai da rana, a fili, ka zagaya ta kafin ka biya cikon kuɗi.

Inda gyara zai fito

Masu fentinmu a Kwakwaci da Ƙofar Ruwa a Kano, da Panteka a Kaduna, da Apo a Abuja, ba basira suka rasa ba. Na ga wanda ke haɗa launi da ido ya yi daidai da na kamfani. Abin da ya yi ƙaranci shi ne sanin dalili. Yaro yakan shekara biyar yana kallon hannun maigidansa, ya kwaikwayi daidai da kuskure gaba ɗaya, ba wanda ya taɓa gaya masa akwai madubai a cikin fentin. Takardun bayanin kamfanoni kuwa da Turanci suke, galibi ma ba sa isowa gareji.

A nan akwai aiki ga Asusun Horar da Ma'aikata na ITF, wanda aka kafa tun 1971 domin irin wannan, da Hukumar Ilimin Fasaha ta NBTE da hedikwatarta ke Kaduna, da ƙungiyar kanikawa ta NATA, da manyan dillalan fenti. Bitar kwana biyu da Hausa, a cikin garejin, da bindiga da kwali a hannu, za ta rage ratsi fiye da kowace lacca. Dillalan fenti su fassara takarda ɗaya mai ɗauke da awo, da tazara, da lokacin jira, su riƙa bayarwa tare da gwangwani. Masu fentin da ke wuri ɗaya kuma su haɗa kuɗi su gina rufaffen ɗakin feshi mai fanka da matata da babbar kwamfuresa, a riƙa shiga bi da bi, tunda mutum ɗaya ba zai iya ba.

Wannan ɗaki zai ceci abin da ya fi mota. Ruwan da ake zuba wa kiliya domin ta yi tauri yana ɗauke da sinadarin aisosayanet, wanda shaƙarsa ke haddasa asma mai wuyar rabuwa. Hankicin da ake ɗaurawa a hanci ba ya tare shi, takunkumin asibiti ma haka. Yaron da ke feshi idonsa na yaji, ƙirjinsa na ɗaurewa, sauri zai yi ya gama ya fita, saurin kuma a jikin motarka zai bayyana.

Ni dai na mayar da tawa wajen wani dattijo bayan wata biyu. Ya nemi mako guda da kuɗin da ya haura na farko, na ba shi ban yi ciniki ba. Ranar feshi na je da sassafe, na tarar ya manna kwali a bango yana gwada bindiga, ya kwance ta ya wanke sau biyu kafin ya matsa kusa da motar. Yau ko ni sai na yi tunani kafin in tuna wace ƙofa ce aka taɓa. Kuɗin farko kuwa ya tafi, shi ne kuɗin makarantata. Allah Ya sa wani ya koya ba tare da ya biya ba.